Ajiya a Girgije

Ilu, ɗan ƙanwata, ya fi ni sanin waya,
ni da nake gyaranta shekara sha ɗaya a Kusiri.
Bayan la'asar yana kan bencin shagona
yana gina gari a tsohuwar kwamfutata:
rijiya uku, garken awaki,
da wata gada da ta rushe masa sau bakwai kafin ta tsaya.

Ran nan ya ce, Kawu, ba ni jaka guda in sayi data,
zan kai garina girgije.
Na ce wane girgije? Wanda iska ke kora?
Mu ajiyar da muka sani ƙarƙashin katifa take,
ko a gwangwanin madara, a binne a gindin darbejiya.
Na ba shi dai, ina mita.
Ya haɗa da manhajojin aikina
da littafin bashi, kowa da abin da ya ci,
ya rubuta kalmar sirri a bayan katin waya.
Wani shuɗin layi yana tafiyar hawainiya,
wuta ta ɗauke sau biyu,
yaron nan bai tashi ba sai bayan isha'i.

Sai Lagon ya cika cikin dare.
Bai yi sallama ba.
Da asuba kwalekwale ke yawo a tashar babura.
Na iske ruwa iya ƙirji a shago,
kwamfuta ta sha ta ƙoshi,
tarwaɗa na kewaya akwatin sukurori.
Girgijen da na sani ke nan,
ya zo, ya zubar, ya kama gabansa.

Kwana tara muna barci a ajin makaranta.
Na goma muka ƙetara zuwa Injamina,
Mahamat Zen ya ara mana tasa na'urar.
Katin ya jiƙe, tawada ta gudu.
Ilu bai ko dube shi ba.
Sunan uwarsa ne, da shekarar da muka binne ta.

Garin ya sauko a hankali.
Rijiya uku.
Awaki, ba ko ɗaya da ta jiƙe.
Gadar tana tsaye.
Ya ce ai ba girgije ba ne, Kawu,
ɗaki ne cike da injuna a wata ƙasa mai sanyi.
Ashe rumbun wani ne, wanda ban taɓa gaisarwa ba.

Bencin bai sauko ba,
haka hoton ƙanwata da ke jikin bango.
Amma littafin bashi ya zo, ko sifiri bai ɓata ba:
Gambo mai kifi, jaka huɗu,
wanda jiya na gan shi yana tsintar kwanon rufinsa.
Hajja Falmata, jaka biyu da rabi,
tabarmarta na kusa da tawa a aji.

Na daɗe ina kallo.
Na ce Ilu, ajiya ka iya, na gani.
To wannan fa,
ina ake dannawa a goge?