Mai Sayar da Tsoro

Shekara ashirin da uku Mutari na sayar da tsoro a Damagaram,
fuskarsa ba ta taɓa fita a fim ba.
Shi ke biyan man janareto,
shi ke dafa soɓorodo ya yi kauri
har ya zama jini a wuyan Zulai.

Tsakanin duwatsun Birni ya tsaida fatalwarsa ta fari:
ɗan ƙanwarsa ne cikin zanen gado,
yana danne tari.
Wata guda yara ba su bi lungun bayan isha'i ba.

Na tambaye shi, shi me ke firgita shi?
Ya daɗe yana juya kofin shayi.
“Daren da gawa ta tashi,” ya ce,
“wani a bencin baya ya yi hamma.”