Tulun Iya Gude

Na sauka Gatafa da jakar takardu,
ambulan arba'in da biro ja.
An aiko ni in ƙidaya shinkafar fadama,
in ba kowace lamba, in jera su a layi.

Iya Gude na gindin rumbu tana ɓarar gyaɗa.
Ta ce, "Lamba? Ko awakina ban sa wa lamba ba."
Ta aiki Tanimu ya sauko da tulu,
ta fasa liƙin taɓo da gindin ludayi,
ƙamshin toka da darbejiya ya tashi.

"Buɗe hannunka, ɗan boko.
Wannan ja ita ce babba.
Tun ana noma da ƙotar da ba ƙarfe
take tsaye cikin ruwa har wuya.
In kogi ya ƙaru taki ɗaya, ta ƙara biyu.
Tuwonta ba ya kyau a gaban baƙo,
amma wanda ya ci da safe
ba ya tambayar rana ina ta kai."

Na rubuta: ja, doguwa, ta zurfi.

"Uwarta tana can bayan kwari,
ba mai shuka ta, ba mai gayyatar ta.
Ta daji ce, mai gashin baki kamar tarwaɗa.
Taɓa ta kaɗan, ta zubar da 'ya'yanta ƙasa.
Kakannin kakanninmu da asuba suke bin ta,
raɓa na danne ta, suna kaɗa ƙwarya.
Wata rana wata mace, ban san sunanta ba,
ta ga zangarniya ɗaya da ta ƙi saki,
iska ta kaɗa, ta riƙe nata.
Ba ta kai ta turmi ba ko da yunwa na cizo.
Ta ƙulle ta a bakin zane har damina.
Duk wanda ya ci tuwo yau, bashinta ya ci."

Biro ya tsaya. Babu gurbin wannan a takarda.

"Fara kuwa baƙuwa ce, daga gabas mai nisa,
ta bi teku, ta bi fatake, ta bi bakin mutane.
Ta fi haihuwa, ta fi haske a faifai,
amma ba ta son ciyawa a kusa,
kullum sai an tambaye ta lafiya.
Wannan 'yar gajera, mai kwana tamanin,
ita muke kira Tare Bashi,
don tana nuna kafin mai kanti ya gaji.
Waccan Kunyar Suruki, ba ta kumbura a tukunya.
Waccan kuma tsuntsu ya raina ta,
shi ya sa na ƙaunace ta."

Na ce, "Iya, a littafi gida biyu ne,
ta nan da ta can, kowa da danginsa."
Ta yi dariya har gyaɗa ta zube.
"Gida biyu da katanga ɗaya?
Je ka hana iska zumunci."

Da la'asar na baje su kan tabarma,
ja a dama, fara a hagu,
kowace ambulan da lambarta.
Sai ga ƙwaya bakwai sun rage a tsakiya,
jikin fara, mayafin ja,
ɗan gashi a baki irin na kwari.
Na juya littafi har bangon baya.

Iya ta tsince su ɗaya bayan ɗaya,
ta hura musu iska, ta kwance bakin zanenta.
"Waɗannan ba su kai suna ba tukuna.
Ka dawo bayan damina uku,
in ina nan, in faɗa maka halinsu.
In ba na nan, tambayi Tanimu,
na nuna masa inda ruwa ke kwana."