Kuɓewa Ta Dawo Gida

Shekara tara Haladu na jan tirela a Amurka,
ni ina nan Bakin Dogo, bayan tiren attaruhu.
In ya bugo waya sai in ce, me ka ci?
Ya ce, nama tsakanin burodi biyu, Inna.
A ina? A mota.
Kai da wa? Ni da sitiyari.

Wai ta taga ake miƙo musu, a ƙunshin takarda,
mutum bai sauko ba, bai wanke hannu ba,
ba kuma wanda zai ce wa bismillah.
Kofin lemonsu ya kai buta, in ji shi,
rabinsa ƙanƙara.
Na ce, ƙasar da ta ƙoshi haka,
me ya hana ta zama ta ci?

Ni abin da na sani nasu alkama ce.
Muna yara, Baba na masaƙa a Kakuri,
ran albashi ya shigo da burodi a hammata,
mu tsoma a shayi har ya narke.
Masaƙa ta rufe. Burodi ya zauna.

Bana da damina sai ga shi da mata,
Loreta, baƙa wuluk kamar ƙanwata Tabawa,
Hausarta daga sannu sai na gode.
Na kwana ina lissafi: me ake dafa wa 'yar Amurka?
Har Barnawa na aiki yaro ya sayo kazar kwali.
Ta ɗan gutsura, don kara.

Kashegari ta biyo ni kasuwa.
Ta wuce kabeji, ta wuce karas,
ta tsaya cak gaban kwandon kuɓewa,
ta ɗauki guda, ta karya tsinin da babban yatsa
yadda uwata ke gwada ɗanya.
Wa ya koya miki?
Kakata, ta ce, Haladu na juya mana magana.

Wai a kudancinsu, inda kogi ke faɗawa teku,
miyar kuɓewa suke zubawa kan shinkafa.
Wai waken nan mai baƙin hanci
shi suke ci ran sabuwar shekara, neman sa'a.
Wai kakannin kakanni da aka ɗaure cikin jirgi,
aka raba su da suna,
su suka san shukarsa, su suka san girkinsa,
suka dafa wa iyayengiji
su kuma suka ci ƙanzo.

Na yi shiru. Ciniki biyu ya wuce ni.

Sai Haladu, sarkin iyayi, ya nuna tirena:
Inna, tumatir ɗin nan, da barkono, da gyaɗa,
har masarar da ake wa kallon 'yar Masar,
duk daga wancan ƙetaren suka zo.
Na ce, tafi can, jiya aka sauke min shi daga Hunkuyi.
Amma da na koma gida na yi ta juya zancen.
Shekara talatin ina kasa baƙi a faifai,
ban taɓa tambayarsu garinsu ba.

Da la'asar ta karɓe murhu.
Ta soya gari a mai har ya yi ja kamar ƙasar gini,
na ce zai ƙone, bai ƙone ba.
Ba kanwa, ba maburgi,
ta yanka kuɓewar fala-fala kamar kwabo.
Da ta juya baya na jefa daddawa ɗaya.
Ta gani.
Ta ƙara ɗaya.

Ruwa na dukan kwanon rufi, an ɗauke wuta,
mu kuma muna kan kwano guda.
Miyar ba tawa ba ce, ba kuma baƙuwa ba,
kamar 'yar da aka ɗauke tana goye
ta dawo da wani harshe a baki,
tsagar gidanmu a kumatu.

Haladu ya ɗebi nasa ya nufi ƙofa
zai ci a tsaye, ido na kan waya.
Mu biyu muka ɗago, kowa da yarenta,
muka ce masa:
zauna.