Mai Riƙon Dare

A Gungun Hajo, ƙasa da Yauri kaɗan,
inda dorina ke biyan harajin ciyawa,
kadoji kuma sun san sunan kowane yaro,
ba ma ƙidaya shekara da damina.
Muna auna ta da zare.

Tumba makauniya ce ta koya mana,
zaune a gindin kwalekwalen da ya ruɓe,
mazari na juyi, alli a yatsa.
"Ɗiyana," in ji ta, "masu cewa lokaci kogi ne
ba su taɓa kwana kan kogi ba.
Kogi ba ya jiran ido kafin ya wuce.
Lokaci auduga ce a tsibe,
ba jiya a cikinta, ba gobe,
sai hankalin mai rai ya tsakuro ya murza,
sannan ta miƙe, safiya ta rabu da dare."

Na ce, ina shaida?
"Aza tukunya ka tsura mata ido,
ka ga yadda tafasa ke nisa.
Kai ne kake kaɗa ƙari.
Yinin yaro ya fi na tsoho tsawo
don shi ko ƙwaro ya gani sai ya tsuguna.
Ni da na bar mamakin komai,
shekarata ba ta cika kamu guda.
Amma ranar da ruwa ya ci Arzika mijina,
har yau ina kaɗin ta,
ta ƙi ta ƙare."

Mai barci ba ya kaɗi, aro yake ci.
Shi ya sa kullum mutum guda
ke hawa tsamiyar tsakiyar gungu
da goro biyu da ƙullin barkono,
ya zauna a farke a madadin kowa,
yana jawo asuba kamar mai jan taru.
Shi muke kira mai riƙon dare.

Juyi ya zo kaina ran Laraba.
Da yammar nan ƙanena Nomau ya tura jirgi,
buhu shida na albasa, za shi kasuwa,
ko gashi ɗaya bai tsiro masa a haɓa ba.
Ya ce in aje masa ƙanzon tuwo.
Na hau. Na ƙirga kukan kwaɗi,
na ci goro, na ci na biyun.
Ban yi barci ba, na rantse.
Kaina ne kawai ya sunkuya, sau ɗaya,
kamar mai amsa gaisuwa,
sai bakin zaren ya ware.

Da na ɗago, wuta na murhu yadda take,
hayaƙi a tsaye kamar an kafa sanda,
jemage a sama, fiffike buɗe, bai faɗo ba.
Na lalubo bakin na ƙulla. Zakara ya yi cara.

Da hantsi wani tsoho ya sauko daga jirgin inji,
furfura har gira, jikoki uku a baya.
Ya ce shekara arba'in yana kewaya wurin nan,
ruwa fetal yake tararwa inda gungu yake.
Ya dube ni da idon uwarmu.
Na miƙa masa ƙanzon, bai ma bushe ba,
muka ci tare.

Tumba ba ta yi faɗa ba.
Ta shafa ƙullin ta ce, "Ya yi kauri, amma zai riƙe."
Yanzu ni nake durƙusa wa ƙanena,
shi yake ba ni labarin shekarun da ban kaɗa ba:
fari biyu, ambaliya, matarsa da ban sani ba har ta rasu.
Nakan ce, mu gyangyaɗi ɗaya ya ci mana arba'in,
to duniya da ba ta taɓa tsayawa ba,
wane ido ne bai taɓa runtsawa a kanta ba?

Jibi juyi zai dawo kaina.
Na sayi goro bakwai.
Nomau ya ce zai hau tare da ni,
wai tsoho dama ba ya samun barci da dare.