Ƙwaya Biyu Bayan Isha'i

A shekarar da barci ya yi mini yaji
baiti arba'in nake zubarwa kafin asalatu.
Takarda ta ƙare, na koma bayan kalanda,
kalanda ta ƙare, na ɗauko gawayi
na bi bangon ɗakinmu na haya a Hayin Dogo
har mai gida ya zo, ya karanta a tsanake,
ya ce a biya shi kuɗin fenti.

Ba ni ke neman kalmomi ba a lokacin.
Su ke layi a ƙofata
kamar masu jarka ranar da famfo ya kawo,
kowace na rantsuwa ita ta riga zuwa.
Na tsaya a Kwangila da rana tsaka
ina rera wa tireloli baitoci,
na ga Kufena ya matso don ya ji da kyau.
Na sayar da keken ɗinkina, na sayo biro kwali uku.

Lantana ta kwashe wuƙaƙen gida ta kai maƙwabta.
Wannan ban sani ba sai bara.

Sai kuma ramin.
Wata huɗu, fuska ga bango,
ina kallon rubutun hannuna kamar wasiƙar wani mamaci.
An yi turare, an yi tofi.
Wani ya ce iska, wani ya ce hannu aka sa,
kawu Tanimu bai ce komai ba,
ya ɗauko shatar mota zuwa Shika.

Likita Sahura ba ta tambayi wanda na ɓata wa ba.
Ta ce, yaushe rabonka da barci?
Na buɗe baki in ba ta amsa da ƙafiya,
sai kuka ya riga ni.

Yanzu ɗaya da safe, biyu bayan isha'i.
Bakina Kubanni ne a tsakiyar bazara.
Hannuna na rawa, zare na ƙin allura,
wandona na bara ya daina gaisawa da ƙuguna.
Kalmomin sun watse.
In na zauna da biro, shiru ke zuwa ya zauna kusa da ni
kamar baƙon da ba a san ranar tafiyarsa ba.

Ilu mai shayi ya ce, Malam,
waƙoƙinka na da sun fi wuta.
Gaskiyarsa.
Amma shi ɗumi ya ji daga nesa,
ni ne itacen.

Ba zan ɓoye ba: na taɓa gwadawa.
Mako uku ina ajiye ƙwayar a ƙarƙashin harshe
in tofar a kwata.
Suka dawo a guje, da ganga, da guɗa,
suka taho da mutumin nan da ya sayar da keke.
Zinatu, 'yar shekara bakwai,
ta daina shigowa ɗaki in ina ciki.

Jiya na zazzage buhun tsofaffin takardun.
Cikin ɗari shida, na sami tara masu numfashi.
Sauran ƙarar injin niƙa ne ba hatsi.
Taran nan kuwa, wallahi, ba zan iya irinsu yau ba,
kuma ban san wa zan kai wa ƙara ba.

Ran Laraba na faɗa wa likita.
Ba ta yi dariya ba. Ta duba jinina, ta rage rabin ɗaya,
ta ce in na dawo in zo mata da abin da na rubuta,
ko layi guda ne.

Layi guda ne.
Kwana goma ina haƙa shi kamar rijiya a kan fako,
ga shi a aljihun gaba, tare da katin asibiti.
Zinatu ke zura mini zare yanzu,
tana lumshe ido ɗaya, harshe a waje,
ta miƙo allurar ba ta ja da baya ba.

Na biyun bai zo ba tukuna.
An kira isha'i. Lantana, miƙo ruwa.