Tsarkiyar Aro

Ƙarfe biyun dare a Garin Malam,
kuran ya dawo, fanka ta yi tari ta tashi.
Na buɗe ordinatar da Lawali ya ba ni bashi,
allonta a tsage kamar gindin tafki da rani.

Kwana uku ina sauke su,
rezo na rarrafe kamar kurar ruwa a hawan Birni:
goge arba'in na Turawa,
da uwarsu babba mai gurnani daga ciki.
Kyauta. Ko dala ba su nema.

Su wa suka kaɗa?
Wani ya zauna a ɗaki mai sanyi,
ya ja murya ɗaya, ya tsaya, ya ja ta biyu,
aka yanka, aka shanya kamar kilishi.
Ban san sunansa ba,
amma in na danna, ina jin numfashinsa
kafin izga ta taɓa tsarkiya.

Yaran Zango sun karɓa da murna
don wasansu na cikin waya,
ɗan akuya mai tsallen duwatsu.
Sai Zuwera, mai fim.
Uwa a tashar Agadas,
mota ta zo, kowa ya sauko, ban da ɗanta.
Na zuba mata duk arba'in.
Ta cire abin kunne ta ce:
"Da daɗi. Amma kukan nan sanye yake da takalmi.
Tawa uwar ba haka take yi ba."

Zanen aro, ashe, katara a waje.

Ran Alhamis na bi bayan kasuwar Dole,
inda Baba Gonda ke gyaran ƙwarya,
fatar guza, ƙaro a aljihu,
goge ɗaya, ya girme ni.
Na ce: ja murya guda, ka tsaya.
Ya dube ni, ya dubi wayata.
"Yaro, a gidanku ƙwayar gero
ɗaya-ɗaya ake ci?"

Ya ja dai.
Ta farko zakara ya shiga.
Ta biyu kabu-kabu.
Ta bakwai ya yi tari, ta tara ya manta da ni,
ya tafi wani gari da ba ni da kuɗin motarsa.
Ban kashe na'ura ba.

Zuwera ta ji, ba ta ce komai ba,
ta daɗe tana neman wani abu a jaka.

Na kai masa goro da jaka biyar.
Ya ce: "Nasu nawa ka biya?"
Na ce kyauta.
"To kar ka sa wa nawa ƙyaure."

Yau na ɗora shi, murya goma sha tara.
Wata ƙasa, wani dare,
wani mai bashin ordinata zai danna yatsa,
zakaran Damagaram ya yi cara a fim ɗinsa.

Abu ɗaya tsohon ya tambaya,
har yanzu ban samo amsa ba:
"Wanda zai kaɗa ni can,
ya san ana gaisuwa kafin a fara?"