Daƙiƙa Biyu

A tsibirin Hiiumaa rana ta faɗi tun ƙarfe uku,
Aivar bai ma lura ba.
Tsohuwar kwamfutar laburaren ƙauye na gabansa,
fankarta na nishi kamar mai hawan tudu da kaya.

Da hannunsa ya ɗinka mata tsari
daga buɗaɗɗiyar manhaja, gonar gayya
wadda kowa ke sa fartanya, ba mai cewa tawa ce.
Daƙiƙa arba'in da ɗaya kafin ta farka.
Ya ce da sake.

Ya shiga sassabe.
Ya kori ayyukan da ke zaman kashe wando a ƙwaƙwalwa,
ya sake harhaɗa ƙwayar tsarin, kofi ya huce,
ta ƙi tashi sam.
Baƙin allo ya zura masa ido har asuba,
ashe waƙafi guda ne ya ɓata.

Ashirin da bakwai. Sha huɗu.
Daren Laraba ya cire har sauti: tara!
Ya tafa shi kaɗai, kyanwa ta zabura.

Da safe Leida ta shigo, sandarta na laluben ƙofa,
dusar ƙanƙara a kafaɗa.
Ta taɓa madannai yadda ta saba,
tana jiran muryar da ke karanta mata wasiƙar jikanta.
Shiru.
"Yau ba ta da lafiya ne?"

Garin neman gira.
Aivar ya ja kujera, kunnuwansa jawur,
ya mayar da layi bakwai inda ya ciro su.
Sha ɗaya ke nan.
A gefe ya bar wa mai zuwa bayansa saƙo:
biyun nan na Leida ne, kar a taɓa.